"Allah wadaran naka ya lalace": tsinuwa ce ko takaici, kuma ina ta haɗu da Allah wadai na labarai?

Mai Bibiyar Harshe: Assalamu alaikum, iyaye da malamai. Karin maganar da nake so a warware yau ita ce "Allah wadaran naka ya lalace, raƙumin dawa ya ga na gida." Tambaya biyu ce. Ta farko, maganar nan tsinuwa ce ko takaici? Ta biyu, Allah wadai ɗin da ke cikinta shi ne wanda ake ji kullum a labarai, irin "gwamnati ta yi Allah wadai da harin", a wurin da Turancin ya ce *denounce* ko *condemn*? A kunne dai nauyinsu ba ɗaya ba ne.

Baba Na-Kurmi: Wa alaikumus salam, yarona. A fara da dabbobin biyu, don a jikinsu ma'anar take. Raƙumin dawa shi ne mai dogon wuyan nan da dabbare-dabbare, yana cin ganye daga saman itace, ba mai ɗaure shi, ba mai kora shi. Ragowar irinsa a Afirka ta Yamma suna Nijar, a yankin Kure kusa da Yamai, kuma a 2018 an ɗebi wasu an kai gandun dajin Gadabeji a jihar Maraɗi. Raƙumin gida kuwa an sa masa akala, ana durƙusar da shi a ɗora masa kantun gishirin Bilma, yaro ɗan shekara goma ya ja shi ya bi. Suna ɗaya, wuya iri ɗaya. Da na dawa ya gan shi, kamanninsa ya gani a wulaƙance.

Saboda haka zuciyar maganar tana cikin "naka". Ba a faɗinta a kan bare. Ɗan gidan malamai aka gani a wurin caca, dattijon gidan ya faɗe ta. Ɗan garinku aka kama da damfara a wata ƙasa har sunan garin ya shiga bakin mutane, ku ne masu faɗinta. In bare ne ya yi abin, "tir" ko "Allah Ya kyauta" ya isa. Mai faɗin karin maganar nan yana jin kunyar a jikinsa, shi ya sa na ce takaici ce.

Malamar Nahawu: Baba ya yi gaskiya, kuma ginin jimlar ma yana bayansa. Kalmar tana zuwa a siga uku. Akwai "Allah wadai" tsurarta. Akwai mai wakilin suna, "Allah wadanka, Allah wadanki, Allah wadanku", wadda ake faɗa wa mutum ido da ido. Akwai kuma "Allah wadaran" da suna a gabanta, kamar "Allah wadaran wannan hali". To a karin maganar, abin da ya biyo "wadaran" jimla ce guda: "naka ya lalace". Yanayin ake wa tir, wato a ce ɗan'uwanka ya lalace kana kallo. Da mutumin ake nufi, da sai a ce "Allah wadaran naka da ya lalace". Wannan 'yar "da" ɗin ita ce ke juyar da bakin maganar daga kan halin zuwa kan mai halin, kuma masu rubutawa da yawa suna cusa ta ba tare da sun lura sun canza ma'ana ba.

Na labarai kuma wani gini ne daban. An ɗauki addu'ar dukanta an mai da ita suna, aka sa "yi" a gabanta da "da" a bayanta: "yi Allah wadai da". Haka muke yi da "ya yi masa Allah Ya isa" da "tofin Allah tsine". Da zarar "yi" ta shigo, mai magana ba addu'a yake ba, rahoto yake bayarwa cewa wani ya nuna ƙin abu.

Mai Akala: Baba, a yi mini afuwa, ban gamsu cewa raƙumin dawa ne ke da gaskiya ba. Karin magana mai ɓangare biyu ba kullum take goyon bayan mai maganar cikinta ba. "Ban sa a ka ba, in ji ɓarawon tagiya", ai ba gaskata ɓarawon ake ba. Raƙumin gida yana ba da nono, yana ɗaukar kaya ya ratsa Tenere, da shi aka yi fatauci tsakanin Kano da Agadas. Na dawa me ya tsinana wa kowa? Ina ganin ana iya karanta maganar a matsayin zambo ga mai girman kai da ke raina ɗan'uwansa don ya gan shi cikin wahalar nema.

Baba Na-Kurmi: Malam Mai Akala, hankalinka ya kai, amma karin magana a bakin masu ita ake auna ta. Ba a jin Bahaushe ya jefa ta don ya kare wanda ya lalace ɗin. Kullum gefen na dawa take tsayawa, har ma yawanci rabin farko kaɗai ake faɗi a bar raƙuman. Abin da zan karɓa daga gare ka shi ne gargaɗi: kada a faɗe ta a kan mai sana'ar halal. Ɗan sarauta da ke tura baro ko sayar da ruwa bai lalace ba. Wanda ya faɗe ta a kansa, shi ne ya sa ta a inda ba wurinta ba, kuma dattawan wurin za su tanka masa.

Tafinta: Bari in ɗauki tambaya ta biyu. *Denounce* ta shigo Turanci ne ta tsohon Faransanci, asalinta kuma Latin, daga saiwar da ke nufin ɗan saƙo. 'Yar gida ɗaya ce da *announce* da *renounce*. Wato tun asali shela ce, aikin sanƙira. Ba a yin ta a zuci, ba a yin ta da raɗa. Sai abu uku sun haɗu: a faɗa a gaban jama'a ko wani taro, a kama sunan wanda ake nufi ko abin da ake nufi, kuma a bayyana shi a matsayin mugu ko mai laifi. Nan ta rabu da habaici da gugar zana, waɗanda ƙarfinsu ke cikin ɓoye suna.

Ma'anarta uku ce, kuma kowace da Hausarta. Ta farko ita ce sananniya, fitowa fili a aibata abu; nan "yi tir da" ko "yi Allah wadai da" sun zauna. Ta biyu, a kai sunan mutum ga hukuma, kamar yadda maƙwabta suka riƙa yi wa juna a Jamus zamanin Nazi. Alamarta a Turanci ita ce kalmar *to* ta biyo baya da sunan hukuma, 'yan sanda ko kotu. Hausarta "ya kai ƙararsa", "ya tona masa asiri", "ya kwarmata shi ga hukuma". Wanda ya fassara wannan da "ya yi Allah wadai da maƙwabcinsa ga 'yan sanda" ya rubuta abin da ba Hausa ba, kuma ya ɓoye cewa an kama mutum. Ta uku ta yarjejeniya ce, na bar wa lauyoyi.

Akwai kuma ginin da ke zuwa da *as*, inda ake laƙaba wa mutum suna. Wannan ba ya son "Allah wadai" ko kaɗan. "Ya fito fili ya kira shi maci amana" ya fi kama shi.

Su kansu masu harshen suna gardama a kan nauyinta. A muhawarar masu neman takarar shugabancin Amurka da aka yi a birnin Cleveland ranar 26 ga Fabrairu 2008, an tambayi Barack Obama game da goyon bayan da Louis Farrakhan, jagoran ƙungiyar Nation of Islam ta Amurka, ya nuna masa. Ya ce ya yi tir da kalaman Farrakhan a kan Yahudawa, da wannan kalma ta *denounce*. Hillary Clinton ta ce hakan bai isa ba, sai ya ƙi goyon bayan, da kalmar *reject*. Obama ya ce in tana ganin waccan ta fi ƙarfi, to ya haɗa duka biyun. A Hausa bambancin a bayyane yake: yin tir da maganar mutum daban, yin watsi da tallafinsa daban.

Ɗan Damagaram: Malam Tafinta, ma'ana ta uku mu a Nijar mun gan ta da idonmu, don Faransanci ma haka kalmar take aiki. Ranar 16 ga Maris 2024, Kanar Amadou Abdramane ya karanta sanarwar gwamnatin soja a talabijin. A cikin sanarwa ɗaya ya yi amfani da *dénoncer* ta fuska biyu. Sau ɗaya a kan halin raini da ya ce shugabar tawagar Amurka ta nuna a Yamai. Wannan tir ne. Sau ɗaya kuma a kan yarjejeniyar 2012 da ta ba sojojin Amurka damar zama a ƙasar, ya ce nan take. Wannan sokewa ce. Duk wanda ya ce "Nijar ta yi Allah wadai da yarjejeniyar soja" ya bar mai sauraro yana zaton ɓacin rai kawai aka nuna, alhali sallama aka yi. Abin da ya biyo baya shi ne sojojin suka bar sansanin Yamai da na Agadas, aka kammala janyewar a watan Satumba na shekarar. Haka aka yi da yarjejeniyoyin soja da Faransa a farkon Agusta 2023, kalma ɗaya ce.

Barista: Daidai ne, ɗan'uwa. A dokar ƙasa da ƙasa kalmar ba ta ɗauke da fushi ko kaɗan. Sanarwa ce a rubuce cewa ƙasa ta fita. Yarjejeniyar Vienna ta 1969 kan dokar yarjejeniyoyi, sashe na 56, ta ce in yarjejeniya ba ta tanadi hanyar fita ba, asali ba a fita sai an nuna cewa masu ita sun yi nufin a iya, ko yanayinta ya nuna haka, kuma a ba da wa'adin da bai gaza wata 12 ba. Misali, Venezuela ta miƙa takardar fita daga yarjejeniyar kare haƙƙin ɗan Adam ta nahiyar Amurka a Satumba 2012, fitar ta tabbata a Satumba 2013. Ita ma ECOWAS shekara guda ta tanada, shi ya sa Nijar da Mali da Burkina Faso suka yi shela a Janairu 2024, ƙungiyar ta ƙirga fitarsu daga 29 ga Janairu 2025. Mai fassara ya duba abu biyu: shin abin da kalmar ta faɗa wa yarjejeniya ce, kuma shin an ambaci wa'adi ko ranar fara aiki? In eh, ya rubuta "ta ba da sanarwar ficewa daga" ko "ta soke".

Sai wani haɗari a ma'ana ta farko. Turancin yana barin zargin a bakin mai zargi. Hausar gaggawa tana kwaso shi ta sa a bakin jarida. "Kwamishina ya yi Allah wadai da ɓarawon ɗan kwangila" na nufin jaridar ta yarda ɗan kwangilar ɓarawo ne. In kotu ba ta yanke ba, an shiga ɓata suna, wanda kundin Final Kod na Arewa ya tanada a sashe na 391 da 392. Gyaran kalma uku ne: "ɗan kwangilar da ya kira ɓarawo".

Alaramma: Allah Ya saka da alheri. Ni damuwata sunan Allah ne. Tirmizi ya ruwaito daga Ibn Mas'ud cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce mumini ba mai yawan suka ba ne, ba mai yawan la'anta ba. Malamai kuma sun bambanta la'antar aiki ko siffa da la'antar wani mutum ayyananne, na biyun sun tsananta a kansa. To in "Allah wadai" addu'ar sharri ce, yaya za a ce wani kakaki a Brussels ya yi ta, alhali bai ambaci Allah ba? An sa masa magana a baki, an kuma saba wa kunnen yara jin ta sau goma a rana kamar gaisuwa. Karin maganar ba ta dame ni ba, tunda Malama ta nuna hali take wa tir. Na labaran ne nake ganin a rage.

Malamar Nahawu: Allah Ya gafarta Malam, a nan zan ɗan saɓa. "Yi Allah wadai da" ta daskare ta zama fi'ili guda, kamar yadda "yana Allah-Allah ya tafi" ba zikiri ba ne, ɗoki ne. Ba wanda ya ji labarin ya ɗauka kakakin ya ɗaga hannu sama. Inda maganarka take da ƙarfi shi ne "tsine" da "la'anta" da "tofin Allah tsine". Waɗannan har yanzu da zafinsu na addini. In limami ya ce Allah Ya tsine wa masu garkuwa da mutane, a rubuta haka. In ofishin jakadanci ne ya fitar da takarda, "la'anta" ta wuce gona da iri.

Alaramma: Na ji, Malama. Amma ko daskararriyar ce, in "tir" za ta yi aikin, a fifita "tir".

Edita: Malam, a aikace ma shawararka tana da amfani, ko ba don addini ba. Matsalar ɗakin labarai ita ce kalma ɗaya tana ɗaukar aikin kalmomi biyar, alhali masu rubuta sanarwar diflomasiyya suna kwana suna ciniki a kan wace za a sa. Ƙudurin Kwamitin Sulhu na Majalisar Ɗinkin Duniya mai lamba 660 na 2 ga Agusta 1990 ya yi amfani da *condemn* a kan mamayar da Iraƙi ta yi wa Kuwait, sannan ya nemi ta janye nan take. Ƙudurin Babban Zauren Majalisar Ɗinkin Duniya na 2 ga Maris 2022 kan Yukren, wanda ƙasashe 141 suka goya wa baya, 5 suka ƙi, 35 suka ƙaurace, a sakin layin da ya yi magana kan harin Rasha *deplore* ya sa, duk da ya ƙara mata "da kakkausar murya". Ita *deplore* ta fi kusa da nuna matuƙar takaici. In duka biyun suka fito a Hausa da "Allah wadai", an share bambancin da aka sha wahala a kansa.

Abin da ke aiki shi ne a tambayi jimlar: me mai maganar ya yi? In damuwa ya nuna, "ya nuna damuwa". In takaici, "ya nuna takaici". In ya ga aibi a tsari ko shawara, "ya soki" ko "ya kushe". In ya yi zafi da yawa, "ya caccaki". In ya yanke cewa abin mugu ne, "ya yi tir da" ko "ya yi Allah wadai da", kuma a ajiye su don kisa, hari, juyin mulki, zalunci, ba don jinkirin albashi ba. In yana cire kansa ne daga wanda ake danganta shi da shi, "ya barranta daga" ko "ya nesanta kansa da".

Ita ma *condemn* tana da nata tarko. In *to death* ya biyo ta, hukuncin kisa aka yanke. In gini ne, hukuma ta ce bai cancanci a zauna a ciki ba. Daga nan ne makanikai suka samo "kwandem" da suke cewa batir ko injin da ya gama aiki.

Mai Akala: To ga wani misali da ya rikita sharuɗɗan Malam Tafinta. Jawabin shugaban jam'iyya Nikita Khrushchev na 25 ga Fabrairu 1956, a babban taro na 20 na jam'iyyar Kwaminis ta Tarayyar Sobiyet, inda ya zayyana kashe-kashe da kame-kamen Stalin shekara uku bayan mutuwarsa. Littattafan tarihi na Turanci da *denounce* suke ba da labarinsa, alhali a rufe aka yi zaman, ba 'yan jarida. Ina shelar? Kuma wannan ba shi ne "naka ya lalace" ba, tunda na gida ne ya faɗa a kan na gida?

Tafinta: Shelar tana nan, Malam. Sharaɗin ba sai duniya ta ji ba, a dai faɗa a gaban taron da ke da ikon ɗaukar mataki. Wakilan jam'iyya ne a zauren, daga baya aka karanta jawabin a rassanta, kafin tsakiyar shekarar kuma ya fito a jaridun Yamma. Da a ɗakinsa ya faɗa wa amininsa, da ba za a kira shi haka ba. Hausar da ta dace da shi "ya fallasa ta'asar Stalin, ya yi tir da ita".

Baba Na-Kurmi: Karin maganar kuwa ba ta hau nan ba. Raƙumin dawa ba shi da hannu a akalar da aka sa wa na gida, kuma ba ya neman wanke kansa, kallo ya yi ransa ya ɓaci. Khrushchev da shi aka yi mulkin Stalin, yana cikin manyan na kusa. Abin da ya yi barranta ce, yana raba jam'iyya da kansa daga mamacin. Mai cewa "naka" bai saki ɗan'uwan ba, har yanzu yana ƙirga shi a dangi, shi ya sa sau da yawa abin da ke biyo maganar shi ne a kira yaron a yi masa faɗa, ko a haɗa kuɗi a fito da shi.

Malamar Nahawu: Ƙari ɗaya ga masu fassara, tunda an ambaci *renounce* a sama. Harafi ɗaya ya raba ta da *denounce*, kuma ana yawan musanya su a labaran sulhu da 'yan bindiga. Ita *renounce* abin da ke hannunka kake saki: aƙida, sarauta, zama ɗan ƙasa, ɗaukar makami. In aka ce shugaban wata ƙungiya ya yi ta a kan tashin hankali, Hausar "ya ce ya daina" ko "ya ajiye makami", don alkawari ne ya ɗauka a kan kansa, ana iya kama shi da shi gobe. In ɗayar ce, tir kawai ya yi da tashin hankali, wanda mutum zai iya yi da bindigarsa a rataye. A duba baƙin farko na kalmar kafin a rubuta kanun labari.